Gidan gini da gidan harhaɗawa

A ƙasar Bune aikin gini na rani ne. In an gama girbi, hatsi ya shiga rumbu, sai mai gida ya kewaya ya duba abin da damina ta yi wa bangonsa. Wani yaɓe kaɗai zai sake. Wani kuwa ɗansa zai yi aure, tilas a tada sabon ɗaki.

Ƙasarmu rairayi ce, rairayi kuwa ba ya gini. Sai an gangara kwari an haƙo laka, an ɗauko ta bisa jaki ko cikin amalanke. A jiƙa ta, a zuba ramno, a tattake ta da ƙafa har ta kama. Sa'an nan a zuba cikin akwatin katako a fitar da birgi, a shanya a rana kwana da kwanaki. Magini ya ja layi, ya haƙa tushe, ya yi ta jera birgi har bango ya kai tsawon da ake so. Daga nan a gitta azara, a shimfiɗa zana ko tabarmi, a zuba ƙasa a daɓe, a sa indararo. Dukan wannan aiki a wuri guda ake yin sa, wurin da ɗakin zai zauna. Shi muke kira gidan gini.

Akwai wata hanya dabam. A can cikin masana'anta ake ƙera bango, da rufi, da ƙofa, da taga, kowane da awonsa. A loda su cikin mota a kawo. In sun iso, sai a ɗaura wannan da wancan da noti, kamar yadda mai gyaran keke ke haɗa sabon keke in an fitar da shi daga kwali. Wani lokaci ma ɗaki sukutum ake kawowa, a sauke shi, a jingina wani kusa da shi. Wannan shi ne gidan harhaɗawa.

Mu ma mun san shi

Kada ku ce wannan dabarar Turawa ce kaɗai. Ku tuna yadda ake yin jinka. Ba bisa bango ake fara ta ba. A ƙasa ake ɗaura tsaiko, a yi tanka, a baibaye da shibci. In ta gamu, sai a kira maƙwabta su kama, a ɗaga ta gaba ɗaya a aza bisa ɗaki. Abin da ya sa ake cewa hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka ke nan. Zana ma haka take: ana saƙa ta a wani ƙauye, a sayar ran kasuwar Gidigir, a kafa ta a wani gari.

Makiyaya sun fi kowa gwaninta a nan. Ɗakin Abzinawa da na Tubawa itace ne da tabarmin kaba. Kowane ice yana da wurinsa, mata kuma sun san shi. Da safe su kwance ɗaki su ɗaura wa raƙumi ko jaki, kafin rana ta faɗi sun kafa shi a sabon masauki. Abin da masana'anta ta ƙara shi ne ƙarfe, da inji, da awo guda wanda ba ya sakewa, ko da an ƙera bango dubu.

Gidan da ya zo Yamai cikin jirgin sama

A shekara ta 1949, lokacin da Nijar ke hannun Faransa, aka kawo wani gida Yamai wanda ba a taɓa ganin irinsa ba. Wanda ya ƙera shi wani Bafaranshe ne mai suna Jean Prouvé. Asalinsa maƙeri ne, yana da masana'anta kusa da birnin Nansi. Da ƙarfe da sanholo ya yi gidan, wato irin farin ƙarfen nan marar nauyi da ake tukwane da shi. An yanka kome gunduwa-gunduwa yadda zai shiga jirgin sama, kuma yadda mutum biyu za su iya ɗauka ba tare da inji ba.

Prouvé ya san ƙarfe ba ya shiri da rana. Kowa ya taɓa kwano da tsakar rana a watan bazara ya san haka. Saboda haka ya yi wa gidan rufi biyu, ɗaya bisa ɗaya, da sarari a tsakaninsu. A tsakiyar rufin sama ya bar kafa. Iska in ta yi zafi tashi take yi sama, sai ta fita ta wannan kafa, wata mai sanyi ta shigo daga ƙasa ta maye wurinta. Ya kuma kewaye ɗakuna da rumfa don kada rana ta bugi bango. Dabara ce mai kyau ƙwarai, har yau masu zanen gidaje suna koyon ta.

A shekara ta 1951 an kai wasu biyu Barazabil, a ƙasar Kwango. Daga nan abin ya tsaya. Uku kaɗai aka yi. Dalili kuwa shi ne tsada. Kuɗin sanholo da na jirgi sun fi kuɗin gini da kayan da ke nan ƙasa nesa ba kusa ba. Turawan da aka yi dominsu ma ba su so shi sosai ba.

Ƙarshen labarin yana da ban mamaki. Wajen shekara ta 2000 wani ɗan kasuwa ya saye gidajen nan uku, aka kwance su aka mai da su Faransa. A shekara ta 2007 aka sayar da ɗaya daga cikin na Barazabil a birnin Niyok na Amurka, kusan dalar Amurka miliyan 5. Gidan da ake iya harhaɗawa, ai ana iya kwance shi a tafi da shi. Na Yamai daɓensa na siminti kaɗai ya bari.

Me ya sa yake yaɗuwa?

Babban dalili shi ne sauri. Bayan yaƙin duniya na biyu, wanda ya ƙare a 1945, bama-bamai sun rushe gidaje da yawa a Ingila. Cikin ƴan shekaru gwamnatinsu ta kafa ƙananan gidajen harhaɗawa fiye da 150.000. A shekara ta 2020, bayan da cutar korona ta ɓulla a birnin Wuhan na ƙasar Sin, an tada asibiti mai gado 1.000 cikin kwana 10, da ɗakunan da aka riga aka ƙera.

Saurin nan ba sihiri ba ne. A gidan gini, aiki bin juna yake yi: ba a aza azara sai bango ya bushe, ba a bango sai birgi ya bushe. A gidan harhaɗawa, ana haƙa tushe a nan, a lokaci guda ana ƙera bango a can. Ruwan sama ba ya tsai da masu aiki, don suna cikin inuwa. Kaya kuma ba su cika ɓarna ba, tun da inji ne ke yanka su daidai.

A wajenmu, masu gudun hijira ne suka fi sanin irin wannan ɗaki. Tun daga 2015, da rikicin Boko Haram ya shigo jihar Difa, dubban mutane sun bar garuruwansu. Wanda ya gudo da ƴaƴansa ba ya iya jiran birgi ya bushe. Hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da ƴan gudun hijira tana da wani ɗaki da aka tsara a ƙasar Suwidin. Cikin kwali biyu yake zuwa. Mutum 4 suna haɗa shi cikin yini guda, ya ɗauki iyali mai mutum 5. Yana da ƙofa mai kullewa da fitila mai aiki da hasken rana. Amma an yi shi ne don ya yi shekara 3. Soron kakanku fa, shekara nawa ya yi?

Sa'an nan ga yawan jama'a. A ƙidayar 1977 mutanen Nijar miliyan 5 ne da ƴan kai. A ta 2012 sun wuce miliyan 17. Yara sun yi yawa, azuzuwa ba su isa ba, sai aka yi ta kafa na zana. Zana kuwa abincin wuta ce. A shekara ta 2021 gobara ta kama azuzuwan zana a Yamai cikin watan Afrilu, ta sake kama wasu a Maraɗi cikin watan Nuwamba. Yara fiye da 40 suka rasu a wuraren nan biyu. Duk mai neman hanyar tada aji da sauri, wanda wuta ba ta ci, yana da hujja babba.

To, a kawo shi Bune?

A nan sai mu yi lissafi. Nijar ba ta da teku. Ƙarfe da sanholo daga waje suke zuwa, a sauke su a bakin teku, mota ta yi tafiyar kwanaki da su. Daga Yamai zuwa Damagaram kilomita 900 ne, ko kusa da haka. Daga Damagaram a kama hanyar Gure, sa'an nan a bar kwalta a shiga rairayi. Kowane kilomita kuɗi ne. Kuɗin nan kuwa fita suke daga gari. Magini bai samu ba, mai amalanke bai samu ba, mai ɗebo ruwa bai samu ba. In noti guda ya ɓace, ko iska ta lanƙwasa bango, wa zai gyara? Bangon ƙasa in ya tsage, laka na nan kwari, gayya guda ta isa.

Ga kuma zafi. Bangon ƙasa mai kauri ne, zafin rana yana daɗewa kafin ya ratsa shi. Da azahar cikin soro da sanyi. Sai da dare bango ke sako zafin da ya sha, lokacin kuwa mutane suna kwance waje. Da hunturu wannan ɗumi shi ake so. Ɗakin kwano marar rufi biyu kuwa, da rana tanda ne, da asuba randa.

Amma gidan ƙasa yana da maƙiya biyu. Na farko ruwa. A daminar 2024 an yi ruwa mai yawa a Nijar, gidaje dubbai suka faɗi. A farkon watan Satumba na shekarar, tsohon masallacin ƙasa na unguwar Birni a Damagaram, wanda ya haura shekara 150, ya rushe. Bangon da ba a sabunta masa yaɓe ba, ko wanda ruwa ke kwanciya a gindinsa, ba ya jure irin wannan damina.

Na biyu shi ne itace, kuma shi ya fi damun ƙasarmu. Azara daga giginya da goriba take fitowa. Goriba tana shekaru da yawa kafin ta isa sara, gara kuwa ba ta jira. Duk goribar da aka sare a bakin kwari, an buɗe wa rairayi ƙofa. Manoman Bune da na Gure sun san yadda tudun rairayi ke tafiya sannu-sannu har ya binne lambu da dabino. Ana kafa shinge bisa tuddai ana dasa itatuwa don a tsai da shi. Ba daidai ba ne a dasa da hannun dama, a sare da na hagu.

Gini ba da itace ba

A shekara ta 1980, a garin Cikal na ƙasar Filinge, wata ƙungiya mai suna Development Workshop ta fara koya wa magina yin rufi da birgin ƙasa zalla, ba azara ko guda. Dabarar daga Nubiya take, a kudancin Masar, inda ake yin ta tun shekaru dubbai. Wani mai zanen gidaje Bamisire, Hasan Fatahi, shi ya farfaɗo da ita a ƙasarsu. Daga Cikal ta kai Iferwan cikin Abzin, ta bazu zuwa wasu jihohi, har Mali da Burkina Faso.

Ga yadda ake yi. Ana buga ƙananan birgi masu awo guda. Magini ya kafa sanda a tsakiyar ɗaki, ya ɗaura mata waya ko igiya. Tsawon igiyar shi ke nuna masa inda kowane birgi zai zauna. Ya yi ta kewayawa, layi bisa layi, kowane layi yana ɗan rusunawa ciki, har rufi ya haɗe a sama kamar an kifa ƙwarya. Kowane birgi yana danne ɗan'uwansa, shi ya sa ba ya faɗowa. Maginan Hausa sun daɗe suna yin tuluwa da bakan gizo, kamar waɗanda ke fadar Sarkin Damagaram, sai dai nasu da azara a ciki.

Ku lura da abu guda. Ɗakunan nan awonsu ɗaya ne, saboda haka ana iya jera su. Bana mutum ya gina ɗaya. Baɗi in gero ya yi kyau, ya jingina na biyu, ya huda ƙofa tsakaninsu. Wannan ita ce dabarar masana'anta, amma da lakar kwari da hannun maginin gari. Sharaɗinta biyu ne: magini ya koyi aikin sosai, don rufin yana tura bango waje, bango marar ƙarfi kuwa buɗewa zai yi. Kuma kowace shekara, kafin ruwan fari, a hau a duba yaɓe da indararo.

Aikin yi

Ku auna tsawon ajinku da faɗinsa da mita. Ku dubi rufinsa: da me aka yi shi, kuma daga ina kayan suka fito? In kun koma gida, ku ƙidaya azarar ɗakin da kuke kwana. Ku tambayi wani tsoho ko azara nawa ake samu daga goriba guda, da inda ake saro ta sa'ad da yake yaro, da inda ake samo ta yanzu. Gobe kowa ya kawo lissafinsa, mu tara a allo mu ga goriba nawa ke bisa kan ƴan ajinmu.