Hawan Dutsen Bagazam kai kaɗai: gaskiya da ƙaryar zancen

Tun da hotunan masu hawan manyan duwatsu suka fara yawo a WhatsApp da TikTok, zancen ya shigo fadar shayin samari a Birnin Ƙonni. Wani ya ce shi kaɗai zai hau Bagazam, wani ya ce masa can sama babu iskar shaƙa. Dukansu biyun da gyara a maganarsu.

Ana yawan cewa Gireban, wanda Faransawa ke rubutawa Gréboun, shi ne dutse mafi tsawo a Nijar. Tsofaffin littattafai sun faɗi haka, amma tsawonsa mita 1,944 ne. Ƙololuwar Idukal-n-Tages da ke kan tsaunin Bagazam a ƙasar Azbin ta kai mita 2,022, ita ce kan gaba.

Batun cewa sai da kwalbar iska ake hawansa kuwa ƙarya ce tsagwaronta. Abzinawa na zaune a ƙauyuka bisa tsaunin, suna noman rani, suna kiwo, jakuna na hawa da kaya suna sauka. Ciwon tsauni, wato ciwon kai da tashin zuciya da rashin barci da ƙarancin iska ke haddasawa, galibi sai an wuce mita 2,500 yake kama mutum. Ko Chappal Waddi na jihar Taraba, mafi tsawo a Najeriya, mita 2,419 ne.

Abin da ke da haɗari a Bagazam daban ne, kuma shi ne samarin ba su cika ambata ba. Mutumin Ƙonni ya saba da tuddan Masallata da na Malbaza, waɗanda ake hawa da silifa a dawo kafin azahar. A Azbin hanyoyin hawa 'yan kaɗan ne, tsakanin manyan duwatsu masu kama da juna, rijiyoyi kuma sai ɗan gari ya san inda suke. Kowace mita 1,000 da aka hau, zafi na raguwa da kusan digiri 6, don haka daren Disamba ko Janairu a can ya fi hunturun da muka sani cizo nesa ba kusa ba. Da damina kuma koramar da ke bushe da safe tana iya cika cikin ɗan lokaci. Ga doguwar tafiya ta Tsarnawa, Tawa, Abalak, Agadas, sannan Tabelot, ga matsalar tsaro a arewa, wadda gaskiya ce ba jita-jita ba. Da ɗan gari akan ci gari. Kuɗin ja-gora ba asara ba ne.

Jita-jitar da ta fi damuna ita ce wai mai ƙarfi, manomi ko ɗan kokowa, ba ya kamuwa da ciwon tsauni. Masu mafarkin Kilimanjaro na Tanzaniya, mita 5,895, su saurara. A ƙololuwarsa kowane numfashi kusan rabin iskar da ake samu a bakin teku yake kawowa, kuma ƙwanji ba ya maganin wannan. Mai ji da ƙarfi ma shi ke saurin hawa, shi ke fara kwantawa. Likitoci na shawartar cewa daga mita 3,000 kada wurin kwana ya ɗara na jiya da fiye da mita 500. Ƙwayar Diamox na taimakawa wajen rigakafi in likita ya rubuta, amma in mutum ya fara tangaɗi ko numfashi ya gagare shi yana zaune, ruwa na iya taruwa a huhu ko ƙwaƙwalwa ta kumbura. Magani shi ne a sauko da shi nan take, ko da tsakar dare ne.

Zancen hawa Kilimanjaro kai kaɗai don rage kuɗi ma bai taso ba. Dokar Tanzaniya ba ta barin kowa ya wuce ƙofar gandun dajin da dutsen yake ciki sai da ja-gora mai lasisi.