Rigar kujera: Ɗinkin gida da ke kare lafiyar yara da aljihun maigida

A gidan da ake kula da tsafta akwai ranar wankin zanen gado, akwai ta labule, har kafet akan fitar da shi a kakkaɓe a shanya. Abu ɗaya ne ke yin shekara da shekaru bai ga ruwa da sabulu ba, alhali a kansa aka fi zama, wato kujerar falo. A kanta yara ke shan kunu suna kallon talabijin, a kanta maigida ke kishingiɗa da guminsa bayan ya sha cunkoson motoci, wani lokaci ma a kanta baƙon da ya zo daga gida Arewa ke kwana. Duk abin da ya zuba yana ratsa yadin ya shige cikin soso, ya yi zamansa a can.

Kujerar kushin ba ta shiga baho, amma ana iya yi mata riga, a riƙa tuɓe ta ana wankewa kamar sauran tufafi. Uwargidan da ke da keken ɗinki a gida, ko da Butterfly ne na ƙafa, za ta iya ɗinka wannan riga da kanta. Wadda ba ta da keke kuma, idan ta san awon da irin yadin da ya dace, telan unguwa zai yi mata abin da take so ba tare da an yi ɓarnar kaya ba.

Abin da ke ɓoye a cikin kushin

Babban mazaunin kujera shi ne ƙwaron ƙura, wata 'yar halitta da tsawonta bai wuce kashi ɗaya cikin uku na milimita ba, shi ya sa ido ba ya ganin ta. Ba ta cizo. Abincinta shi ne ɓurɓushin fatar da ke zuba daga jikin mutum kullum, kuma kashinta ne ke tashi da ƙura idan an zauna ko yara sun yi tsalle a kan kujera. Ga wanda jikinsa ba ya jituwa da shi, shaƙar wannan ƙura na kawo atishawa, toshewar hanci, ƙaiƙayin ido da tari, tana kuma iya tayar da asma.

Wannan ƙwaro ba ya shan ruwa, daga danshin iska yake samun abin da yake rayuwa da shi. Saboda haka ya fi yaɗuwa a garuruwa masu laima irin su Legas, Fatakwal, Kalaba da Ibadan, inda a lokacin damina danshin iska kan haura kashi 80 cikin 100. Iyalin da suka taso daga Kano ko Sakkwato, inda busasshiyar iskar rani ke rage shi, sukan yi mamakin yadda yaro ya fara tarin dare bayan sun tare a Agege ko Idi-Araba. Dalilai na da yawa, har da hayaƙin janareta da na motoci, amma katifa da kujera na cikin wuraren da ya kamata a fara dubawa.

Asma ba ƙaramar cuta ba ce. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a shekarar 2019 mutum miliyan 262 ne ke fama da ita a duniya, ta kuma yi sanadin mutuwar mutum 455,000. Sai dai a lura, rigar kujera ba maganin asma ba ce. Yaron da ke numfashi da ƙyar ko ƙirjinsa ke fito yana buƙatar ganin likita, kuma wanda aka rubuta wa maganin shaƙa ya ci gaba da amfani da shi yadda aka umarta. Aikin rigar shi ne rage ƙura da dattin da yake shaƙa a wurin da ya fi zama.

Laimar dai ita ke kawo fumfuna da warin nan da akan ji a falon da ya daɗe a rufe. A nan ne al'adar barin leda a jikin sababbin kujerun amarya ke jawo matsala. Ledar na tare ƙura, amma tana kulle danshi a ciki, sai a buɗe bayan watanni a tarar da baƙin tabo a jikin yadin da ake ta tattali. Rigar auduga na kare kujera daga datti, iska kuma na ratsa ta.

Zaɓen yadi

Yadin auduga mai kauri ya fi dacewa, irin kaki, ko yadin jins mara nauyi sosai, ko yadin labule na auduga. Auduga na shan gumi, tana kuma jure ruwan zafi da guga. Yadin roba mai sheƙi yana da kyan gani a shago, amma yana da zafi a jiki, yana santsi a kan kujera, kuma tartsatsin wuta kaɗan ke narkar da shi. Atamfa ma tana yi, musamman ga kujerun cin abinci da matasan kujera, sai dai ba ta da kaurin da za ta daɗe a mazaunin da ake hawa kullum, sai an yi mata shafi da akoko.

Gidan da ke da ƙananan yara ya guji fari da launi ɗaya mai haske. Yadi mai ƙananan zane yana ɓoye tabon manja da na shayi kafin ranar wanki. Mai manyan furanni kuwa yana cin yadi, domin sai an daidaita furen a tsakiyar kowace jingina, abin da ya rage a gefe ya zama ƙyalle.

Ana samun irin waɗannan yadudduka a kasuwar Balogun da Oshodi a Legas, da Gbagi a Ibadan, da Ariaria a Aba, da babbar kasuwar Anacha, da ta Wuse a Abuja. Wanda aljihunsa bai kai ba ya leƙa wajen 'yan gwanjo, kamar na kasuwar Katanguwa da ke Abule Egba. Manyan labulen gwanjo da zannuwan gado masu kauri kan yi rigar kujera mai kyau, da sharaɗin a wanke su da ruwan zafi kafin a shigar da su ɗaki.

Kafin a biya kuɗi a tambayi faɗin yadin. Akwai mai inci 45, akwai mai inci 60, kuma mai faɗin ya fi auki. A matsayin ƙiyasi, idan yadin mai inci 60 ne, kujera mai zaman mutum ɗaya kan ci yadi shida zuwa bakwai, mai zaman mutum uku kuma yadi 12 zuwa 15, gwargwadon girmanta da yawan matasanta. Kujerar cin abinci ba ta wuce yadi biyu. Awon kujerar gidanki shi ne zai ba ki ainihin adadin, kuma gara a ƙara yadi ɗaya a kai, domin ba lallai a sake samun irin launin a kasuwa ba.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne yanka yadi kai tsaye daga kasuwa. Auduga na tsukewa a wankin farko. A jiƙa yadin a ruwan zafi, a wanke, a shanya, a goge, sannan a kawo almakashi. Wannan wankin ne kuma zai nuna ko yadin na zuba, kafin ya ɓata farar shaddar baƙo.

Awo da yanka

Kayan aikin ba su da yawa: tef ɗin awo, alli, almakashi mai kaifi, fil masu yawa, zare mai ƙarfi, zif da roba. A sa wa keke allura mai lamba 16 ko 18, domin ƙaramar allura na karyewa a inda yadi ya ninku huɗu.

A cire matasan kujerar a ajiye gefe, sannan a dube ta gaɓa-gaɓa. Akwai jingina ta ciki, akwai bayan kujera, akwai mazauni, akwai hannu ciki da waje, akwai goshin hannu, sai gaban kujera daga mazauni zuwa ƙasa. A auna tsawo da faɗin kowane ɓangare a inda ya fi faɗi, a rubuta a takarda. A ƙara inci ɗaya a kowane gefe saboda ɗinki, inci biyu a ƙasa saboda kalmasa. A duk inda mazauni ya haɗu da jingina ko da hannu, a ƙara inci huɗu zuwa shida, wanda za a cusa cikin lungun kujerar. Wannan rarar ce ke hana rigar yagewa idan mutum mai jiki ya zauna.

Mai koyo ta fara gwadawa da tsohon zanen gado. Idan gwajin ya zauna daidai, sai ta warware shi ta shimfiɗa a kan sabon yadin ta yanka a kansa. Haka nan ya fi kyau ta fara da kujerar cin abinci ko ƙaramar kujera kafin ta tunkari doguwar. Sannu ba ta hana zuwa.

Haɗawa a jikin kujera

Hanya mafi sauƙi ita ce a haɗa rigar a jikin kujerar kanta. A ɗora kowane yanki a wurinsa a baibai, wato fuskar yadin na kallon kujera. A kama bakin yanki biyu da suka haɗu, a bi da fil ana bin layin ɗinkin kujerar na asali, sannan a ja layi da alli a kan fil ɗin. Idan an gama, a zare rigar a hankali a kai keke, a ɗinke a kan layin allin, a juya ta. Wannan dabara na aiki ne idan hannun dama da na hagu iri ɗaya ne. Idan kujerar mai kusurwa ce, wadda ɓangarorinta suka bambanta, sai a kafa fil ɗin fuskar yadin na waje, a yi alama, a juya daga baya.

A fara da haɗa jingina da mazauni, sai hannuwa, sai baya a ƙarshe, kuma bayan kowane ɗinki a mayar da rigar jikin kujera a gwada. A inda ɗinki ya lanƙwasa, kamar goshin hannu, a ɗan tsattsaga rarar yadin da bakin almakashi ba tare da an taɓa zaren ba, don ya kwanta lumui. A bi bakin yadin ta ciki da ɗinki na biyu, ko a kai wa tela ya bi shi da injin da ke hana zarewa, tunda riga ce da za ta sha wanki.

A bar buɗaɗɗen wuri a kusurwa ɗaya ta baya a sa dogon zif ko maɓallai, don sawa da cirewa su yi sauƙi. Rigar da sai an yi kokawa kafin a tuɓe ta, ba za a riƙa wanke ta ba. A ƙasa kuma a zura roba a cikin kalmasa ta kama gindin kujerar. Kowane matashi a yi masa tasa rigar daban mai zif a baya. Idan an gama sawa, a naɗe tsumma mai tsafta ko guntun soso a cusa cikin lungunan don rigar ta zauna daram.

A kiyaye abubuwa uku saboda lafiyar iyali. A ƙirga fil kafin aiki da bayansa, a kuma shafa kujerar da hannu kafin a bar yara su hau. Kada a bar doguwar igiya tana lilo, domin yaro mai rarrafe na iya naɗa ta a wuya. Sannan kada rigar ta yi ja a ƙasa inda za ta harɗe ƙafar tsoho ko ta kusanci kaskon turaren wuta.

Wanki da kulawa

Amfanin rigar duk yana wajen wanki. A gidan da ke da mai asma ko ƙananan yara, a wanke ta duk bayan mako ɗaya ko biyu. Ruwan da zafinsa ya kai digiri 60 a ma'aunin Selshiyas yana kashe ƙwaron ƙura. Ba sai da injin wanki ba, idan aka haɗa tafasasshen ruwa da na famfo daidai wa daida, zafin kan kai wajen haka. A jiƙa rigar a ciki na ɗan lokaci, nesa da yara, sannan a wanke da sabulu a ɗauraye sosai.

A shanya ta a rana har ta bushe ƙarau. Mayar da riga mai danshi jikin kujera gayyatar fumfuna ce, shi ya sa a garuruwan da ruwa ke kwana yana zuba ya fi kyau a ɗinka biyu, ana wanke ɗaya ɗaya na jiki. Ranar da aka tuɓe rigar, a goge kujerar da tsumma mai ɗan danshi, a fitar da matasan su sha rana, a buɗe tagogi. Kada a kakkaɓe kujera mai asma na cikin ɗakin.

Idan kuɗin cizo ya riga ya shiga kujera, riga ba za ta kore shi ba, sai ma ta ƙara masa wurin ɓuya, domin a cikin layin ɗinki da tsagar katako yake zama yana ƙwai. A duk lokacin wanki a duba waɗannan wurare, ko za a ga ƙananan baƙaƙen ɗigo. Ruwan zafi da guga mai zafi a kan layin ɗinki na kashe na jikin rigar, amma kujerar kanta sai an nemo masu feshi da suka san aikinsu. A guji zuba fiya-fiya ko Sniper a kan abin da yara ke kwanciya a kai. Guba ce mai ratsa fata da numfashi, kuma Hukumar NAFDAC ta sha gargaɗi a kan amfani da irinta a cikin gida.

Ta fuskar kuɗi kuwa, lissafin a fili yake. Kafin Sallah ko wani biki, gidaje da dama kan kira mai gyaran kujeru ya sake musu yadi, a biya kuɗin yadi da na aiki da na ɗauka, bayan shekara biyu sabon yadin ma ya yi dauɗa. Maigida ya tambayi nawa za a caje shi a kan hakan, ya kwatanta da kuɗin yadi 15 da zare da zif. Idan katako da soson kujerar na da sauran ƙarfi, riga kawai take buƙata. Uwargidan da hannunta ya faɗa kuma, maƙwabtan da suka shigo falonta su ne za su fara kawo mata aiki.