«Cili kon karne»: miyar nama da wake ta mutanen Teksas, da yadda ake dafa ta a gida

A kudancin ƙasar Amurka, cikin jahar Teksas wadda ta yi iyaka da ƙasar Meksiko, akwai wani abinci da talaka da mai hali suka yi tarayya a kansa, sunansa «cili kon karne». Sunan daga harshen Sifaniyanci ya fito, ma'anarsa kuwa barkono da nama. Miya ce ja mai kauri, ta naman sa da wake da tumatir da kayan yaji, ana zuba ta cikin kwano a ci da cokali, ko kuwa a kwarara ta bisa shinkafa. Wanda ya taɓa ɗanɗana ta a gidan abinci yakan koma gida da niyyar sa uwargida ta dafa masa irinta, sai dai sau da yawa abin da ke fitowa daga tukunya ba shi ne aka ci a can ba: ruwa ya ware gefe, nama ya yi fari kamar an wanke shi, wake kuma bai nuna ba. Ga mai jiran albashin ƙarshen wata, asarar kilo guda na nama ba abin wasa ba ce. Kuskuren kuwa ƙalilan ne, kuma duka suna da magani.

Asalin abincin

Har zuwa shekarar 1836 Teksas yanki ne na ƙasar Meksiko, sai a 1845 ta shiga cikin Amurka. Saboda haka cili abinci ne na bakin iyaka, inda barkonon mutanen Meksiko ya gamu da shanun makiyayan Teksas. Ana ba da labarin cewa matafiya na wancan zamani sukan daka busasshen nama tare da kitse da barkono da gishiri, su cura shi kamar tubali, in sun sauka zango su jefa guda cikin ruwan zafi ya zama miya. Duk wanda ya san kilishi da dambun nama a matsayin guzurin fatake ba zai yi mamakin wannan dabara ba.

Amma a birnin San Antoniyo ne cili ya yi suna. Tun daga shekarun 1880, mata ƴan asalin Meksiko sukan fito da maraice da tukwanensu da fitilu, su kafa tebura a dandalin gari, su sayar wa sojoji da makiyaya da baƙi. Mutanen gari suka laƙaba musu suna «sarauniyoyin cili». Sana'ar ta yi shekaru kamar hamsin tana ci, har 1937, lokacin da hukumar lafiya ta birnin ta ce sai sun cika sharuɗɗan tsabta irin na gidajen abinci. Yawancinsu ba su da halin yin haka, suka naɗe tabarmarsu. Kafin nan kuwa, cikin shekarun 1890, wani Bajamushe mazaunin Teksas mai suna William Gebhardt ya fara niƙa busasshen barkono tare da sauran kayan yaji yana sayarwa a matsayin gari. Wannan gari shi ya fitar da cili daga Teksas, domin mutumin da ke zaune inda barkonon Meksiko ba ya tsirowa ya sami abin da zai dafa da shi ko rani ko damina. A shekarun 1930, da tattalin arzikin Amurka ya karye, ƙananan rumfunan sayar da cili sun riƙe cikin marasa aikin yi masu yawa, saboda arharsa. A 1977 majalisar dokokin Teksas ta zartar da cewa shi ne abincin jahar a hukumance.

Rigimar wake

Akwai wata gardama da ba ta ƙarewa. Ɗan Teksas na asali cewa yake cili na ƙwarai ba ya da wake ko ƙwaya guda, nama ne da barkono kawai. A garin Terlingua, inda ake gasar dafa cili tun 1967, dokar gasar gargajiya ta hana sa wake. Sauran Amurkawa dai ba su kula ba, kuma galibin gidajen abinci da wake suke dafawa. Dalilin a fili yake: wake yana ƙara auki, kilo guda na nama da zai ƙosar da mutum biyar sai ya ƙosar da takwas, kuma shi kansa waken abinci ne mai gina jiki. Mai iyali ba ya bukatar alƙali a wannan shari'a.

Amurkawa jan wake suke sawa, mai siffar ƙoda, ko wani mai ɗige-ɗige da suke kira «pinto». Dukansu dangi ne daban da waken da ake nomawa a Maraɗi da Damagaram da Doso. Wannan namu na Afirka ta Yamma, wanda Nijar ke cikin manyan masu noma shi a duniya bayan Nijeriya, shi ma ya ƙetare teku a zamanin cinikin bayi, har ya zama abincin da mutanen kudancin Amurka ke ci ranar sabuwar shekara. Yana yin cili mai daɗi. Abin lura kawai shi ne ya fi jan wake saurin nuna, in an daɗe ana dafa shi sai ya narke ya zama fate.

Hattara da jan wake

Wanda ya sayi busasshen jan wake a kanti, wajibi ne ya san abu guda. Ɗanyensa yana ɗauke da wani dafi wanda ƙwaya huɗu ko biyar sun isa su sa mutum amai mai tsanani da zawo cikin sa'a ɗaya zuwa uku. Tafasa ce ke kashe wannan dafi, ba ɗumi ba. Waken da ya daɗe bisa garwashin da ya mutu, ya yi zafi amma bai tafasa ba, yana iya fin ɗanye haɗari. Hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta ba da shawarar a jiƙa shi sa'a 5 ko fiye, a zubar da ruwan jiƙon, sa'an nan a tafasa shi da sabon ruwa, tafasa ta sosai, har minti 30. Bayan haka a rage wuta ya ƙarasa nuna. Na gwangwani an riga an dafa shi, tsane ruwansa kawai za a yi a ɗauraye.

Ko wane irin wake ne, a dafa shi shi kaɗai tukuna. Tsamin tumatir yana hana fatar wake yin laushi, shi ya sa wanda ya zuba ɗanyen wake cikin miyar tumatir zai ƙone itacensa a banza. Mata da yawa sun saba jefa kanwa don wake ya nuna da wuri. Tana yin aikin, amma tana lalata wani sashe na bitamin B1 da ke cikin waken, tana kuma ɓata kalar miya. Jiƙo na dare guda ya fi.

Kayan haɗi

Domin mutum takwas, a tanadi naman sa kilo 1, busasshen wake garam 400, albasa manya 2, ɗanyen tattasai 2, tafarnuwa ƙwaya 5, nunannen tumatir manya 8, tumatirin gwangwani cokali 2, da mai cokali 3. Naman kafaɗa ko na wuya ya fi dacewa, mai ɗan kitse da jijiya, domin jijiyar ce ke narkewa ta ba miya danƙo. Tsoka zalla takan bushe ta yi kamar yayi. A sa mahauci ya niƙa shi niƙa mai gwari-gwari, ko a yayyanka shi ƙanana kamar ƙwayar gujiya.

Garin cili da ake sayarwa a Amurka haɗi ne: busasshen barkono marar zafi sosai, da kumin, da origan, da tafarnuwa. A nan ne mutane da yawa ke ruɗewa, su ɗauka barkono ne zalla, su zuba tonka cokali uku, abinci ya gagari yara da manya. Abin da ya fi kusa da shi a kasuwannin Nijar shi ne garin busasshen tattasai, irin wanda ake nomawa a bakin Komadugu cikin jahar Difa. A sami babban cokali 3 na wannan, da babban cokali 1 na kumin, wanda Larabawa ke kira kamun, da ƙaramin cokali 1 na origan, da rabin ƙaramin cokali na barkono mai zafi, da ɗan masoro da gishiri. In babu origan ana iya haƙura, amma in babu kumin abin da za a samu miyar wake ce da nama, mai daɗi ma, sai dai ba cili ba ce. Shi ne ƙamshin da hanci ke fara ganewa. Albasa kuwa, ta Galmi ba ta bukatar a nemo mata madadi.

Dahuwa

A ɗora tukunya mai kaurin gindi bisa wuta mai ƙarfi, a zuba mai ya yi zafi. A kasa naman kashi uku, a soya kashi-kashi. Wannan shi ne babban sirrin masu gidajen abinci, kuma shi ne wanda gaggawa ke sa a tsallake. In an juye nama duka lokaci guda, tukunya takan huce, naman ya saki ruwa ya dahu cikin ruwansa, ya fito fari ba ɗanɗano. In kuwa kaɗan ne, aka bar shi minti 3 ko 4 ba a motsa ba, sai ya yi ja ya kama gindin tukunya. Wannan kamun ba ƙonewa ba ce, kada a kankare shi a zubar, daɗin miyar yana nan. A kwashe kowane kashi a aje cikin kwano. In kitse ya yi yawa a rage, a bar kamar cokali 3.

Cikin wannan kitse za a soya albasa da tattasai bisa wuta madaidaiciya, minti 8 zuwa 10, har su yi laushi. Sa'an nan a sa tafarnuwa da dukan kayan yajin, a juya minti guda kacal. Ƙamshin barkono da na kumin cikin mai suke narkewa, ba cikin ruwa ba, shi ya sa yajin da aka barbaɗa a ƙarshe yake ɗanɗanon ƙura. Amma garin tattasai ba ya jimre wuta, in ya wuce minti guda ko biyu sai ya yi ɗaci. A bi shi da tumatirin gwangwani, a soya minti 2 har ya yi duhu, sa'an nan a zuba markaɗaɗɗen tumatir da romo ko ruwa rabin lita, a kankare gindin tukunya da muciya. A mai da naman ciki.

Daga nan sai haƙuri. A rage wuta ƙwarai, yadda miya za ta riƙa ɓulɓulowa a hankali, a rufe rabin bakin tukunya don tururi ya fita, a bar ta sa'a ɗaya da rabi, ana juyawa lokaci-lokaci. Bayan haka a zuba dafaffen wake, a ƙara minti 30 in jan wake ne, minti 15 in waken gida ne. Domin kauri, a ɗebi ludayi guda na waken a murtsuke shi a mayar. Mutanen Teksas garin masara suke damawa cokali 2 da ɗan ruwa su zuba minti 10 kafin saukewa, wannan ma yana yi. An san cili ya yi in an tsaga shi da cokali hanyar ta ɗan tsaya kafin ta rufe. A ƙarshe a ɗanɗana gishiri, in miya ta yi nauyi a baki a matsa rabin lemun tsami.

Abin da gidan abinci ya fi gida da shi

Ba wani magani na ɓoye suke sawa ba, lokaci ne. Tukunyarsu takan yini bisa wuta kaɗan. Kamfanin Wendy's, wanda ya buɗe gidan abincinsa na farko a 1969 a birnin Kolambas na jahar Ohayo da cili cikin jerin abincinsa, an san shi da cewa naman da aka gasa domin hambaga ba a sayar ba shi ake daddatsawa a zuba cikin cili. Watau naman ya riga ya sha wuta ya yi ja kafin ya shiga miya, ga kuma tattali. Cili da ya kwana kuwa ya fi na yau daɗi, domin wake da nama sun tsotse yajin.

Sai dai kwanan abinci a ƙasa mai zafi yana da sharaɗi. Miya mai nama da wake ba ta wuce sa'a 2 a waje bayan an sauke ta daga wuta, a lokacin bazara ma sa'a guda. Mai firiji ya juye ta cikin kwanoni marasa zurfi don ta yi saurin sanyi, tana kai kwana 3 ko 4, kuma in za a ci a ɗumama har ta tafasa. Wanda ba ya da firiji ya dafa da hantsi, ya bar tukunya rufe bisa garwashi mai rai zuwa dare, kuma ya dafa daidai cikin iyalinsa.

A Amurka ana cin sa da burodin masara ko busasshen biskit marar zaƙi, a barbaɗa masa yankakkiyar ɗanyar albasa da cuku a sama, wasu su ƙara kirim mai tsami. Kindirmo cokali guda yana maye gurbin wannan kirim, kuma in barkono ya yi wa yaro yawa shi za a ba shi, domin nono yana kwantar da zafin barkono, ruwa kuwa ƙara watsa shi yake cikin baki.