Wai duniya ba za ta kai 1500 ba: littafin da ya biyo mu har bakin Nilu

Tun da yaƙi ya shigo Jazira a watan Disamba na 2023, lokacin da 'yan Da'ama suka kama Madani da Rufa'a, wata tsohuwar magana ta sake tasowa a wuraren hira da saƙonnin WhatsApp: wai duniya ba za ta kai shekara ta 1500 bayan Hijira ba, wai malamai sun riga sun lissafa. Masu turo saƙon ba kasafai suke faɗin wane malami ba. To, malamin sananne ne, littafin yana nan, kuma yana da hannu a dalilin da ya sa wasu kakanninmu suka baro ƙasar Hausa.

Imam Jalaluddin Suyuɗi ne, malamin Alƙahira da ya rasu a 1505, wanda har sarakunan Katsina da Agadas ya aika wa wasiƙar nasiha. Littafin ɗan ƙarami ne, ana kiransa Al-Kashf a taƙaice, yana cikin tarin fatawoyinsa na Al-Hawi. Ya rubuta shi a 898 Hijiriyya, don a lokacin wata fatawa tana yawo cewa za a tashi ƙiyama kafin a cika shekara 1000. Ka ga ke nan don kwantar da hankalin jama'a ya ɗauki alƙalami. Abin mamaki, yau da littafin nasa ake tayar da hankalin.

Ga yadda ya shimfiɗa zamanin. Ya ɗauki wasu ruwayoyi da ke cewa shekarun duniya 7,000 ne, an kuma aiko Manzon Allah (SAW) a ƙarshen dubu ta shida. Sai ya jera manyan alamomi, kowace da tsawonta: Annabi Isa (AS) zai zauna shekara 40 bayan saukowarsa, mutane za su ƙara 120 bayan rana ta fito daga yamma, tsakanin busa ƙaho na farko da na biyu kuma 40. Jimla 200. Tunda a zamaninsa saura shekara 102 kacal a cika dubu, kuma babu alama ko ɗaya da ta bayyana, ya ce dole al'umma ta haura 1000, amma ƙarin ba zai kai 500 ba. Bayyanar Mahadi kuwa, ruwayoyin da ya kawo sun nuna wajajen 1200.

Shekarar 1200 ta faɗo a 1785 zuwa 1786, daidai lokacin da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ke yawon wa'azi a Gobir da Zamfara. Shehu ya karanta Suyuɗi, ya kuma riƙa gaya wa jama'a cewa lokaci ya gabato. Amma a nan akwai abin da ba a cika ba mu labarinsa ba. Bayan an yi jihadin 1804, Shehu ya rubuta nasa littafin a kan tsawon zamanin duniya, Tanbihul Fahim, ya kuma fito fili ya nuna cewa abin da yake faɗa a da kan hasashen Suyuɗi ya dogara, kuma bayan bincike babu mai tabbacin lokacin. Masu cewa shi ne Mahadi ma ya ƙaryata su a rubuce. Ba kowane malami mai dubban mabiya ke iya janye maganarsa haka ba.

Sai dai magana zarar bunu ce. Jama'a sun riƙe cewa a gabas, wajen Nilu, za a haɗu da Mahadi, aka yi ta ɗaura kaya jefi-jefi, har Nana Maryam 'yar Shehu ta rubuta wa Sarkin Kano cewa lokacin hijira bai yi ba. Da Muhammad Ahmad ya bayyana a tsibirin Aba a 1881, gab da shiga 1300, Hayatu ɗan Sa'idu, jikan Sarkin Musulmi Bello, ya yi masa mubaya'a. A 1903 Turawa suka ci Sakkwato, Sarkin Musulmi Attahiru ya nufo gabas da jama'a, aka kashe shi a Burmi. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ƙaraso da waɗanda suka rage, suka kafa garin Mai Wurno kudu da Sinnar. Ba dukanmu ne jikokin wannan ayari ba, da yawa hanyar Makka ce ta ajiye su, wasu kuma aikin auduga bayan an gama madatsar Sinnar a 1925.

Ruwayoyin shekara 7,000 ɗin, tun kafin a haifi Suyuɗi, Ibn Kasir ya ce ba su inganta ba. Amma ko mutum bai shiga ilimin hadisi ba, ya ɗauki biro ya gwada lissafin da kansa. Shekarar 1500 za ta kama a ƙarshen 2076. Mun riga mun wuce 1445, abin da ya rage bai kai 55 ba, alhali manyan alamomin nan kaɗai, a ƙirgen Suyuɗi, shekara 200 suke buƙata. Da lissafin zai tsaya, da tun wajajen 1300 aka fara ganinsu, zamanin da kakanninmu ba su ma iso Mai Wurno ba.