Hatsarin Mota a Mayahi da Tasawa: Wa Ke da Laifi, Wa Zai Biya?

Duk mai bin hanyar da ta taso daga Cadawa zuwa Mayahi, ko babban titin da ya ratsa Tasawa ya nufi Damagaram, ya san cakuɗar da ake yi ranar kasuwa: amalanken shanu, kabu-kabu mai goyon mutum biyu da buhun hatsi, manyan motoci, ga tumaki na tsallakawa. In tsautsayi ya faɗa, kalmar da ake fara ji ita ce "ƙaddara", sai "mun yafe" ta biyo baya. Dokar ƙasa kuwa tana da nata lissafin, kuma mutanen karkara ƙalilan ne suka san shi.

Nijar na cikin ƙasashen da suka sa hannu a yarjejeniyar CIMA a Yawunde ran 10 ga Yuli 1992, kundin inshorarta kuma ya fara aiki a 1995. Shi ya wajabta wa kowane abin hawa mai inji, har da babur, yankar inshora.

Kundin ya raba waɗanda hatsari ya rutsa da su gida biyu. Fasinja da mai tafiya a ƙasa ba a ɗora musu nauyin nuna sakacin kowa. Aya ta 228 ta ce a biya su diyyar raunin jiki ko da su ma sun yi kuskure, sai fa wanda ya jefa kansa da gangan. Mai amalanke ma a nan yake, tunda abin hawansa ba shi da inji. A ce ya hau kwalta da magariba babu fitila, mota ta banke shi: za a biya kuɗin maganinsa da naƙasar da ya samu, amma diyyar bijimin da amalanken ana iya rage ta ko a hana gaba ɗaya, domin a kan dukiya ana duba laifinsa.

Direba ne doka ta sa wa ido. Aya ta 227 ta ce laifinsa yana rage masa diyya ko ya shafe ta, kuma ɗan kabu-kabu direba ne a wannan ma'auni. Akwai jadawalin da kamfanonin inshora ke raba laifi da shi. Wanda ya daki na gabansa ta baya, alal misali, shi ke ɗaukar laifin duka. In kuma an rasa gane yadda karon ya auku, kowane direba rabin diyyarsa kawai zai samu.

Wannan rabin ne ke cin mutane da yawa, kuma galibi 'yan taimako ke jawo shi. Kafin jandarmomi su iso, an janye babur gefe, an ture mota, sawun birki ya ɓace ƙarƙashin ƙafafun 'yan kallo. Alhali takardar binciken da jandarma ko ɗan sanda ke rubutawa, wadda direbobi ke kira konsta, ita ce uwar hujja: inda kowace mota ta tsaya, ɓangaren da ya lotse, faɗin hanya, bakin shaidu. Doka ta ba da wata 3 a aika wa kamfanin inshora kwafinta. Sai takardar likita mai bayyana raunin da kwanakin da mutum ya yi bai iya aiki ba, da rasit na kowane magani.

Sulhu a gaban mai gari ba abin rainawa ba ne, yana kashe gaba tsakanin maƙwabta. Sai dai yafe wa direba daban, haƙƙin da ke kan kamfani daban, kuma marayun da aka yafe da sunansu ba a tambaye su ba. Iyalin da suka yi shiru suna da shekara 5 daga ranar hatsarin su nemi diyya, bayan nan ƙofa ta rufe.