Aljanun Indiya Sun Koyi Hausa

Duk wanda ya bi hanyar Sakkwato da almuru, daga Sabon Garin Zariya ya ratsa Kwangila da Hanwa zuwa Samaru, da wuya ya rasa ganin samari sun yi cincirindo a shagon masu tura finafinai a waya. Abin da suka fi nema shi ne finafinan Indiya da aka juya zuwa Hausa, musamman na aljanu da matsafa da macizai masu rikiɗa.

Wannan sha'awa ba yau ta fara ba. Tun cikin shekarun 1950 fatake 'yan Labanan suka riƙa kawo finafinan Indiya gidajen silima na Arewa. Dattawa ba su manta da Nagin na 1976 ba, watau labarin macijiyar da ta rikiɗa mace don ta ɗauki fansar kashe mijinta. A wancan zamani ba wanda ke jin Indiyanci, sai dai kowa ya yi wa kansa tafinta. Sai a shekarun 2010 kamfanoni irin su Algaita na Kano suka ɗora muryoyin Hausa a bakin jaruman, har da karin magana da ba'a.

Su kansu Indiyawa haka suke yi. An shirya Baahubali na 2015 da harshen Telugu, amma masu jin Hindi fassararsa suka kalla, kamar yadda suke kallon finafinan dodanni na Amurka da harshensu. Ashe dodo ya fi ban tsoro idan ya yi magana da harshen da uwa ta yi wa mutum tatsuniya.

Bahaushe kuwa bai baƙunci wannan duniya ba, domin ya tashi da labarin Dodo da 'yan ruwa da Gizo da Ƙoƙi. Har ila yau, a nan Zariya Alhaji Abubakar Imam ya rubuta Magana Jari Ce, wanda aka fara bugawa a 1937, inda ya ɗebo labaru daga ƙasashen Larabawa da Indiya da Turai, ya sa musu riga da hula har suka zama 'yan gida.

Sai dai akwai abin dubawa. Masu shirya finafinan Hausa sun daɗe suna kukan cewa fassarar ta kwashe musu kasuwa, tun da yake ɗora murya bai kai shirya sabon fim tsada ba. Sa'an nan yara suna kwasar Hausar masu fassara, mai kyau da gurɓatacciya, su kai ta makaranta.

Saboda haka ya kamata malamai da ɗaliban Hausa na Jami'ar Ahmadu Bello su sa ido a kan wannan sana'a, su kuma shiga cikinta. Labarun Gandoki da Iliya Ɗan Maiƙarfi suna nan cikin littattafai, suna jiran wanda zai fito da aljanunsu a majigi.