LABARIN ƘUNGIYAR ƘWALLON ƘAUYEN EMLEY

A cikin lardin Yorkshire, a arewacin ƙasar Ingila, akwai wani ƙauye a kan tudu da ake kira Emley. Mutanensa ba su kai 2,000 ba. Yana tsakanin garuruwa biyu, Huddersfield da Wakefield, daga kowanne tafiyar kamar mil bakwai ce. A dā sana'ar mazan ƙauyen ita ce haƙar kwal. Abin da baƙo zai fara hangowa shi ne wata doguwar hasumiya ta watsa shirye-shiryen talabijin, wadda aka gama a 1971, tsawonta ya fi ƙafa 1,000. Amma abin da ya ɗaukaka sunan ƙauyen a bakin mutanen Ingila shi ne ƙungiyarsa ta ƙwallon ƙafa.

Kafin mu shiga labarin, ya kamata mai karatu ya san yadda aka tsara wasan ƙwallo a can. Akwai manyan azuzuwa huɗu masu ƙungiyoyi 92, waɗanda 'yan wasansu ba su da wata sana'a sai ƙwallo. A ƙarƙashinsu kuma akwai ɗaruruwan ƙananan ƙungiyoyi, aji bisa aji kamar matakala. Galibin 'yan wasan waɗannan ma'aikata ne, su wuni wurin aikinsu, ran Asabar su sa rigar wasa. Wadda ta zo ta ɗaya a ajinta ta hau gaba, muddin filinta ya cika sharuɗɗan ajin da za ta shiga. A wannan sharaɗi ne labarin Emley ya juya.

YADDA TA TASHI

An kafa ƙungiyar a 1903, ta yi shekaru masu yawa tana karawa da ƙauyukan da ke kewayen Huddersfield. Filinta, wanda ake kira Welfare Ground, fili ne na jin daɗin ma'aikatan kwal, kuma tare suke amfani da shi da masu wasan kurket. A 1969 ta yi nisa a gasar kofin 'yan wasan da ba a biyansu, har ran da Barking ta zo daga Landan mutum 5,134 suka taru kallo, watau fiye da ninkin mutanen ƙauyen duka.

A wannan shekara ta shiga gasar lardin Yorkshire, ta zo ta ɗaya sau huɗu: 1976, 1978, 1980 da 1982. A 1988 ta kai wasan ƙarshe na wani kofin ƙananan ƙungiyoyi a babban filin Wembley, inda Colne Dynamoes ta ci ta ɗaya da nema. Duk wannan kuwa ramin kwal ɗin ƙauyen an rufe shi tun 1985, aiki ya tafi, ƙwallo ta zauna.

RANAR WEST HAM

Babbar shekararsu ita ce ta 1997 zuwa 1998, a hannun mai koyar da su, Ronnie Glavin. A gasar Kofin F.A., wanda babba da ƙarami ke iya shiga, suka fitar da Morecambe, sa'an nan suka yi kunnen doki sau biyu da Lincoln City, ƙungiyar manyan azuzuwa, suka kā da ita a bugun fenariti. Ƙuri'a ta haɗa su da West Ham ta aji na farko.

Ran 3 ga Janairu, 1998, ƙauyen ya kwashe ya tafi Landan. Frank Lampard ya fara jefa musu ƙwallo tun da wuri, kowa ya ɗauka ruwan ƙwallaye za a yi. Ashe ba haka ba ne. Bayan hutun rabin lokaci Paul David ya rama, aka yi ta fafatawa, sai da ya rage 'yan mintoci John Hartson ya ci wa West Ham ta biyu. An ci Emley biyu da ɗaya, amma ta koma gida da girma.

ƘAURA

To, daga nan sai shugabanninta suka ɗaga ido sama. Filin ƙauyen ba shi yiwuwa a kewaye shi da rumfunan 'yan kallo ta kowane gefe saboda masu kurket, ajin gaba kuwa ba ya karɓar irinsa. Saboda haka a 2000 suka kwashe wasanninsu zuwa Wakefield, filin Belle Vue na masu ƙwallon zari-ruga. A shekarar farko suka sami maki 101, amma Stalybridge Celtic ta fi su da maki ɗaya tak, ita ta hau. Abin da aka bar gida dominsa bai samu ba.

A 2002 aka haɗa sunan Wakefield da na Emley, a 2006 aka share Emley ɗungum. Mutanen ƙauye suka janye jiki, mutanen birni kuma zuciyarsu na wurin zari-ruga. 'Yan kallo suka yi ta raguwa, kuɗi ya yanke, a 2014 ƙungiyar ta rushe. Masu iya magana sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi.

KOMAWA TUSHE

Mutanen Emley ba su zauna jiran wannan rana ba. Tun 2005 waɗansu tsofaffin shugabanni da magoya baya suka kafa sabuwar ƙungiya, A.F.C. Emley, a tsohon filin, suka yarda su soma daga ƙasan matakala. Aka yi ta hawa sannu a hankali. A 2019 suka mai da sunanta Emley A.F.C., a 2024 kuma suka zo na ɗaya a ajinsu, suka koma gasar arewacin Ingila wadda tsohuwar ƙungiyar ta shiga a 1989.

Malamai da sauran masu riƙe da ƙungiyoyin samari, ga abin lura. Shugabannin Emley ba mugunta suka nufa ba, ci gaba suka nema. Sai dai sun ƙidaya kujerun fili, ba su ƙidaya masu share shi da masu karɓar kuɗin ƙofa kyauta ba, alhali kuwa su ne ƙungiyar. Hawan da waɗancan suka so yi cikin shekara ɗaya ya kashe su, wanda waɗannan suka yi cikin shekara 19 ya bar ƙwallo a ƙauyen.